Yadda ake haɗa wasan karaoke a na'urar wasan bidiyo, murya ta zo daidai da kiɗa

Tsarin wasan karaoke na gida ba shi da wuyar ganewa. Waƙa tana tashi daga talabijin, kalmominta suna bi ta kan allo, kai kuma kana rerawa a makirufo, na'ura tana ba ka maki. Inda ake samun cikas shi ne hanyar da murya take bi kafin ta isa na'urar. Idan ta isa a makare, ko ta isa a cakuɗe da ƙarar lasifika, mai murya mai daɗi ma zai ga makinsa yana zubewa, har ya fara zargin kansa ko ya ce wasan ne ba shi da kyau. Kusan duk wannan ana gyara shi kafin a rera baiti ko ɗaya.

Abin da na'urar take saurare

Abu biyu kawai wasan yake aunawa: kaifin muryarka ko kaurinta, da kuma lokacin da ka fitar da ita. Makirufo yana ɗaukar sauti, wasan kuma yana ƙirga sau nawa sautin yake kaɗawa a daƙiƙa ɗaya. Muryar namiji babba a magana ta yau da kullum tana kaɗawa tsakanin sau 85 zuwa 180, ta mace kuma tsakanin 165 zuwa 255. Idan adadin ya ƙaru murya ta yi kaifi, idan ya ragu ta yi kauri. Sandunan nan da kake gani a jere a saman kalmomi taswirar waƙar ce: wadda take sama tana neman murya mai kaifi, ta ƙasa mai kauri, tsawonta kuma shi ne tsawon lokacin da za ka riƙe sautin.

Daga nan abubuwa biyu suke fitowa waɗanda ya kamata kowane ɗan wasa ya sani. Na farko, galibin waɗannan wasanni ba sa tantance kalmomi. Wanda ya rufe baki yana guna daidai da karin waƙar zai iya cin maki fiye da wanda ya haddace kowace kalma amma yana kauce wa sautin. Na biyu, kuma wannan ya fi amfani, wasanni irin su SingStar da Rock Band ba su damu da matakin da ka ɗauki waƙa ba. Sautin da yake kaɗawa sau 220 da wanda yake kaɗawa sau 440 ɗaya ne a wurinsu, domin na biyun ninkin na farko ne. Saboda haka namiji mai babbar murya ba ya bukatar ya shaƙe wuyansa don ya kamo mawaƙiya a can sama. Ya rera a inda muryarsa take zaune, makinsa zai shiga cif.

Matakan wuya kuwa, wato mai sauƙi da matsakaici da mai tsanani, ba sa sauya waƙar. Faɗin kuskuren da ake yafe maka ne yake raguwa.

Wane wasa, a kan wace na'ura

Karaoke Revolution na kamfanin Konami ya fito a 2003, SingStar na Sony ya biyo baya a 2004 a kan PlayStation 2 da makirufonsa biyu, ja da shuɗi, sannan Lips ya zo wa Xbox 360 a 2008 da makirufo marasa waya. Waɗannan duk suna nan a hannun masu sayar da tsofaffin kaya, kuma faifansu yana aiki. Sai dai ka sani Sony ta rufe sabar intanet ta SingStar a watan Janairun 2020, don haka shagon sayen ƙarin waƙoƙi ya tafi. Abin da yake kan faifai shi ne naka, ba ƙari.

A kan na'urorin yanzu, wato PlayStation 4 da 5, Xbox One da Series, da Nintendo Switch, wanda ya fi yawa shi ne Let's Sing na kamfanin Voxler da ke Faransa. Kusan kowace shekara ana fitar da sabo, da waƙoƙi wajen 30 zuwa 40 a ciki, sauran kuma sai da biyan kuɗin rajista. Yana fitowa a bugu daban-daban, akwai na ƙasa da ƙasa, akwai na Faransa, na Jamus, na Sifen, kowanne da jerin waƙoƙinsa. Rock Band 4 na Harmonix, wanda ya fito a 2015, shi ne zaɓin masu son rera waƙa murya uku a tare, kowa da layinsa, kodayake an daina fitar masa da sababbin waƙoƙi tun Janairun 2024. Akwai kuma JOYSOUND a kan Switch, wanda aka yi wa kasuwar Japan, ana sayen lokaci ne a cikinsa, kuma ba ya aiki sai da intanet.

Kafin ka saya, nemi jerin waƙoƙin bugun da yake gabanka ka karanta shi tun daga farko har ƙarshe. Idan ba ka san aƙalla goma daga ciki ba, wasan zai gundure ku da wuri, domin waƙar da ba a sani ba ba ta reruwa. Ka kuma lura da yankin faifan. A PlayStation, ƙarin waƙoƙin da aka saya da asusun wani yanki ba sa buɗuwa a faifan wani yankin.

Makirufo

Hanya uku ce: makirufo mai kebul na USB, wayar hannu da manhajar wasan, ko abin sawa a kai mai ɗan makirufo a gefe. Mai kebul ya fi duka, kuma da tazara. Ba ya bukatar caji, jinkirinsa ba ya hawa da sauka, kuma an ƙera shi ya ɗauki abin da yake gaban bakinsa ya yi watsi da na bayansa.

Akwai kuskuren saye da ya zama ruwan dare. Makirufon nan na karaoke mai lasifika a jikinsa, wanda ake haɗawa da waya ta Bluetooth, ba zai yi maka wannan aiki ba. A wurin kowace na'ura shi lasifika ne, muryarka tana fita ne daga jikinsa kai tsaye, ba ta komawa cikin wasan. Switch ya fara karɓar abin saurare na Bluetooth a 2021 amma bai karɓi makirufonsa ba, PlayStation kuwa ba ta karɓar irin waɗannan kayan sauti kai tsaye. Xbox ita ma tana da tsantseni a kan kayan da ake jona mata, don haka ka tabbata an rubuta sunanta a jikin kwalin makirufon ko a shafin wasan.

Ƙirga ramukan USB ɗinka tukuna. PlayStation 4 na asali biyu gare shi a gaba, Xbox Series X ɗaya a gaba biyu a baya, mazaunin Switch kuma, wato abin da ake ɗora shi a kai don haɗa shi da talabijin, biyu a gefe. Idan ku huɗu ne sai an nemo marabar USB, wato abin da yake mayar da rami ɗaya ramuka da yawa, kuma gara wadda take da nata wutar daban, domin rami ɗaya na USB 2.0 miliamfa 500 kawai yake bayarwa. Idan wuta ta yi ƙaranci za ka ga makirufo ɗaya yana ɓacewa a tsakiyar waƙa yana dawowa. Tsohon makirufon SingStar yana da nasa tsari: biyun suna shiga ƙaramin akwati ɗaya, shi kuma ya shiga rami ɗaya, ɗaya makirufon yana bin layin hagu na sauti, ɗayan na dama. Idan ja yana aiki shuɗi ya yi shiru, musanya ramukansu a jikin akwatin. In shirun ya bi makirufon, shi ne ya lalace; in ya tsaya a ramin, akwatin ne.

Jona makirufo kafin ka buɗe wasan. Idan ka jona sai sauti ya ɗauke daga talabijin, na'urar ta ɗauka abin saurare ka sa mata. Shiga saitin sauti ka mayar da mafitar sauti zuwa HDMI, wato kebul ɗin da ya haɗa na'urar da talabijin.

Idan waya za a yi amfani da ita, dole ita da na'urar su kasance a kan rauta ɗaya, wato akwatin da yake ba da Wi-Fi a gida. Abubuwa uku ne suke hana su ganin juna: waya tana kan layin baƙi na rauta, wanda aka yi shi don ya raba na'urori da juna, akwai VPN a kunne, ko ba a ba manhajar izinin makirufo da izinin ganin na'urorin cikin gida ba. Idan rautar tana da layin 5 GHz ka hau shi, ya fi na 2.4 GHz rashin cunkoso, sannan ka haɗa na'urar wasan da rauta ta kebul idan da hali. Kashe Bluetooth na wayar, sa ta a yanayin da kira ba zai katse ka ba, kuma ka juya gindinta wajen bakinka, can makirufonta yake.

Jinkiri

Wannan shi ne babban abin da yake ɓata wasan, kuma ya cancanci ka ba shi rabin awa ranar farko.

Jinkirin iri uku ne, kowanne da illarsa. Akwai na hoto: talabijin yana riƙe hoto yana gyara masa launi da motsi kafin ya nuna shi. Akwai na sauti: kiɗa yana bi ta talabijin, ya wuce zuwa lasifikar waje, kowanne yana ɗan tsare shi. Na uku shi ne zagayen muryarka, daga baki zuwa makirufo, zuwa na'ura, zuwa talabijin, zuwa lasifika, sannan ta dawo kunnenka. Na farko da na biyu suna cin maki, domin kai kana bin abin da ka ji ne, alhali wasan ya riga ya wuce wurin. Na uku kuma yana rikita mai rerawa kansa. Wanda yake jin muryarsa tana biyo shi a baya, kamar mai magana a bakin rijiya, ba ya sanin lokacin da zai fara jan kalmomi yana tuntuɓe.

Ga lissafin da zai nuna maka girman abin. A waƙar da take da bugu 120 a minti, kowane bugu milisakan 500 ne, wato rabin daƙiƙa, rubu'insa kuma 125. Gaɓar kalma mai sauri kusan tsawonta ke nan. Talabijin da yake kan saitin kallon fim yana iya makara da milisakan 100 ko fiye, wato kusan gaɓa guda ta wuce kafin ka buɗe baki. Irin wannan talabijin ɗin, idan aka sa shi a yanayin wasa, yakan sauko zuwa wajen 10 zuwa 20.

Bi wannan jerin, kuma ka gwada waƙa ɗaya bayan kowane mataki don ka san wanda ya yi aiki:

1. A saitin hoto na talabijin zaɓi Game Mode, wato yanayin wasa. A talabijin da yawa kowane ramin HDMI yana da nasa saitin, don haka ka yi shi kana kan ramin da na'urar take. Kashe duk wani abin da aka ce yana sassauta motsi ko yana rage dusashewar hoto.

2. A saitin sauti na na'urar wasan zaɓi Linear PCM maimakon Dolby ko DTS. Waɗannan biyun sai an dunƙule sauti an sake warware shi, kuma hakan yana cin lokaci. Yi haka a talabijin ma idan yana tura sauti zuwa lasifikar waje.

3. Kashe ƙawar sauti ta talabijin da ta lasifika: mai kewaye ɗaki, mai daidaita ƙara da kansa, mai fito da muryar magana. Idan akwai saitin da yake jinkirta sauti don ya dace da motsin baki, mayar da shi sifili.

4. Cire duk wata lasifika ko abin saurare na Bluetooth daga hanya. Bluetooth na yau da kullum yana ƙara milisakan 100 zuwa sama da 200, kuma babu saitin da zai cire maka shi.

5. Sai a ƙarshe ka shiga wurin daidaita lokaci na cikin wasan. Wasu wasannin suna fitar da sauti su saurare shi ta makirufo, a nan sai ka kai makirufon dab da lasifika kowa ya yi shiru. Wasu kuma ma'auni suke ba ka ka ja da hannu. Ja shi kaɗan-kaɗan har gaɓar da kake ji ta faɗo daidai lokacin da take haskawa a allo.

Dalilin da ya sa daidaitawar take zuwa ƙarshe shi ne ba ta rage jinkiri. Tana gaya wa wasan ne ya jira ka kafin ya yanke hukunci. Maki zai gyaru, amma muryarka da take dawowa ta lasifika tana nan a makare yadda take. Kuma duk ranar da ka sauya talabijin ko lasifika sai ka sake ta.

Don ka gwada zagayen murya, ƙwanƙwasa kan makirufo da yatsa a hankali. Idan ƙarar yatsan da ta lasifika sun zo kamar abu ɗaya, ka gama. Idan ka ji su biyu a rabe, tak-tak, akwai saura. Mafita mafi sauƙi ita ce ka rage ƙarar makirufo a saitin wasan har ƙasa. Wasan zai ci gaba da jin ka yana ba ka maki, kai kuma ka ji muryarka ta zahiri a cikin ɗaki, wadda ba ta makara. A ƙaramin ɗaki wannan ya wadatar, kuma sau da yawa ya fi daɗi. Wanda yake son lallai murya ta fita ta lasifika sai ya raba sauti da talabijin gaba ɗaya. Ana samun ƙaramin akwati da ake sawa tsakanin na'ura da talabijin, yana zare sauti daga HDMI ya miƙa shi ga lasifika ta waya. PlayStation 4 na farko da Pro da Xbox One suna da ramin sauti na haske a baya wanda yake yin wannan aikin, amma PlayStation 5 da Xbox Series ba su da shi. A Switch ramin abin saurare na saman na'urar yana aiki ko tana zaune a mazauninta.

Nisan da ke tsakaninka da lasifika kada ya dame ka. Sauti yana tafiyar mita 343 a daƙiƙa, mita uku ba su kai milisakan 10 ba.

Tsayuwa a ɗaki da riƙon makirufo

Kukan nan mai tsinin da lasifika take yi yana faruwa ne idan makirufo ya ɗauki sautin lasifika, ya mayar mata, ta ƙara masa ƙarfi ta sake fitarwa. Tsaya mita biyu zuwa uku daga lasifika kana fuskantar talabijin. A haka bayan makirufon ne yake kallon lasifika, kuma nan ne wurin da ba ya ji sosai. Kada ka dunƙule kan makirufon da tafin hannu yadda ake gani a bidiyon mawaƙa. Yin haka yana toshe ƙofofin bayan kan, sai makirufon ya koma ɗaukar sauti daga kowane ɓangare, kukan ya taso. Riƙe shi a jiki, ƙasa da ragar da ta rufe kansa.

Tsakanin leɓe da raga a bar kamar faɗin yatsu biyu, santimita 3 zuwa 5. Idan ya yi nisa, alamar muryarka za ta riƙa yankewa a allo. Idan ka manna shi a baki kana ɗaga murya, sautin yana fashewa, wasan ya kasa gane kaifinsa, sai ka ga alamar tana tsalle sama da ƙasa ba dalili. A wurin da waƙa take neman ƙarfi, ja shi baya kaɗan.

Ga gwajin da ya kamata a yi kafin gasa. Kunna waƙa, riƙe makirufo a inda za ka tsaya, ka yi shiru har ƙarshen baiti na farko. Idan maki yana hawa, makirufon yana jin muryar mawaƙin daga lasifika ne. Rage ƙarar talabijin ko ƙarfin jin makirufon har makin ya tsaya. Haka kuma masu gasa biyu su bar aƙalla mita ɗaya tsakaninsu, in ba haka ba mai babbar murya zai riƙa shiga makirufon abokinsa yana tara masa maki ko yana ɓata masa. Fanka ma tana shiga: iskar da take bugun raga tana zama gurnani mai kauri. Kauce wa saitinta, ko ka sa wa makirufon hular soso.

Rerawa don maki

Fara da muryar mawaƙin asali a kunne, ka rage ta idan waƙar ta zauna maka. Idonka ya riƙa gaba da bakinka, kana duban sandar da take zuwa, domin farkon sauti ne aka fi yin asara a kansa: mutane suna shigowa daga ƙasa suna lallaɓowa har su kai wurin, kafin nan rabin sandar ya wuce. Ka ji sautin a ranka kafin ka fitar da shi. Dogayen sanduna su ne rumbun maki, ka ja numfashi kafinsu ka riƙe sautin a miƙe. Karya murya da lanƙwasa ta, waɗanda suke ƙawata waƙa a kunnen mutum, a matakin mai tsanani kuskure ne a wurin na'ura. A SingStar akwai sanduna masu launin zinariya da suke ba da ƙarin maki a kan hanyar zuwa 10,000. Wuraren da ake yin waƙar magana da sauri kuma lokaci kaɗai ake dubawa, sai ka fitar da kowace gaɓa a fili.

Kafin a fara, yi minti biyar kana guna a hankali daga ƙasa zuwa sama. Ajiye ruwa kusa, ka huta bayan waƙa uku ko huɗu, kuma da zarar maƙogwaro ya fara ƙaiƙayi ko zafi ka miƙa makirufo ga wani. Dashewar murya da ta wuce mako biyu zuwa uku ta likita ce. Kunne ma yana da iyaka: ƙarar da ta kai desibel 85 ana jure ta awa takwas, kowane ƙarin desibel 3 yana raba lokacin biyu, wato a 94 awa ɗaya ce kawai. Idan sai an ɗaga murya kafin na kusa da kai ya ji maganarka, ƙarar ta yi yawa.

Inda yara za su yi wasa, duba alamar shekaru a jikin kwali, domin wasanni da yawa suna nuna bidiyon waƙar na asali a bayan kalmomi. Sa kalmar sirri a kan saye, tunda shagon waƙoƙi yana cikin wasan ne. Wanda kuma yake son ɗora wasansa a YouTube ko Twitch ya sani lasisin waƙoƙin na rerawa a gida ne, ana iya toshe sautin bidiyon ko a sauke shi.

Bayan an tashi, zare USB ta kansa, kada ka fizgo ta kebul, kuma kada ka nannaɗe kebul ɗin a jikin makirufo da ƙarfi. Wayoyin ciki suna tsinkewa ne a daidai gindin makirufo, alamarsa kuma ita ce sauti yana yankewa duk lokacin da ka motsa hannu. Idan ragar tana kwancewa, kwance ta ka wanke ta da ruwan ɗumi da ɗan sabulu, ka bar ta ta bushe sarai kafin ka mayar. Cikin kan makirufon kuwa kada ruwa ya taɓa shi.